Rabilu Musa Ibro, Mai Ban Dariya

Tun zamanin da, ƙasar Hausa ba ta rasa masu sana'ar ban dariya ba. Akwai 'yan kama, waɗanda ke kwaikwayon malamai da mawaƙa, su juya maganarsu ta koma zancen tuwo da miya. Akwai 'yan gambara masu bin kasuwanni, akwai kuma wawan sarki a fada. Da zamani ya kawo fim, sai wannan sana'a ta shiga cikinsa. A cikin waɗanda suka yi ta a fim, babu wanda ya kai Rabilu Musa suna. Shi ne aka fi sani da Ibro.

An haife shi ran 12 ga Disamba, 1971, a Ɗanlasan, wani gari na Warawa cikin Jihar Kano. A nan ya yi firamare, sa'an nan ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Wudil. A 1991 ya shiga aikin gandiroba, watau mai tsaron fursuna. Ya yi shekaru yana wannan aiki, amma hankalinsa yana wajen wasan kwaikwayo. Daga baya ya ajiye kaki, ya rungumi wasa gaba ɗaya. Wannan kuwa ba ƙaramar kasada ba ce, don ya bar albashin wata ya kama sana'ar da mutane da yawa suke rainawa.

Allah ya ba shi sa'a. Fim ɗin da ake kira 'Yar Mai Ganye ya fito da sunansa, daga nan ya yi ta fitowa a wasanni masu yawan gaske. A lokacin, a kaset ake sayar da fim, kasuwar Ƙofar Wambai ta birnin Kano kuwa ita ce matattarar masu sayarwa. Daga can fatake ke ɗaukar kaset ɗinsa su kai garuruwa har ƙasar Nijar.

Me ya sa mutane suka so shi haka? Dalili shi ne, Ibro mutum ne mai lura. Yakan dubi halin marowaci, da na maƙaryaci, da na mai kwaɗayi, ya kwaikwaye su sarai. Mai kallo yana cikin dariya, sai ya ga ashe halinsa ne ake nunawa, ya ji kunya. Hausawa sun ce da wasa ake faɗa wa mahaukaci gaskiya.

Amma sana'ar ba ta rasa wahala ba. A 2008 kotu ta ɗaure shi wata biyu a Kano saboda fim ɗin Ibro Aloko, bisa ƙarar hukumar tace finafinai. Ga wanda ya taɓa tsaron fursuna, ga shi ya zama fursuna! Da ya fito bai yi zuciya ba, ya koma bakin aikinsa.

Ibro ya rasu a Kano ran 10 ga Disamba, 2014, bayan ya sha fama da rashin lafiya, saura kwana biyu ya cika shekara 43. Allah ya jiƙansa, amin.

To, yara, ku lura. Ba mutane dariya abu ne mai kyau, muddin ba a ci mutuncin kowa ba. Kowace irin baiwa Allah ya yi muku, ku riƙe ta da himma, ku amfani jama'a da ita.