Umaru Ganda: Daga dako a tashar jiragen ruwa zuwa kambin fim na Afirka

A ranar 1 ga Janairun 1981 Allah Ya yi wa Umaru Ganda rasuwa a Yamai sakamakon ciwon zuciya, yana da kimanin shekara 45 a duniya. A ɗan wannan rayuwa ya yi soja, ya yi dako, ya fito a fim, sannan ya koma yana rubuta labari yana ba da umarni da kansa. Shi ne mutum na farko da ya ɗauki babbar kyautar bikin fina-finan Afirka na FESPACO. Amma duk da maƙwabtakar da ke tsakaninmu da Nijar, da wuya a ji sunansa a bakin masu kallon fina-finan Hausa na yau.

Yaƙin da ba nasa ba

An haifi Ganda, wanda Faransawa ke rubuta sunansa Oumarou Ganda, a Yamai a shekarar 1935, lokacin Nijar na ƙarƙashin mulkin mallakar Faransa. Bazabarme ne. Karatunsa na boko bai wuce firamare ba. A 1951, yana ɗan shekara 16, ya shiga rundunar da Faransa ke turawa Gabas Mai Nisa domin murƙushe masu neman 'yancin kai a yankin Indocaina, wato inda ƙasashen Biyetnam da Lawos da Kambodiya suke a yau. Ya yi shekara biyu a can. Faransa ta sha kashi a Dien Bien Phu a 1954, kuma samarin Afirka da aka kwasa suka komo gida.

Da ya dawo Nijar bai samu aikin yi ba. Sai ya bi hanyar da dubban 'yan ƙasarsa ke bi, ya gangara Abijan ta ƙasar Kwaddibuwa, ya kama dako a tashar jiragen ruwa. Duk wanda ya tashi a Wurno ko Raba ko Goronyo ya san wannan tafiya, domin ita ce ci-rani: saurayi ya bar gida ya nufi kudu da fatan ya dawo da abin rufin asiri, wani ya dace, wani kuma bariki ta cinye shi.

Haɗuwa da Jean Rouch

A Abijan ne ya gamu da Jean Rouch, Bafaranshe masanin al'adu kuma mai ɗaukar fim, wanda ke bincike a kan 'yan ci-ranin Nijar. Rouch ya ɗauke shi aikin tattara ƙididdiga, daga baya ya sa shi a gaban kyamara. Fim ɗin da suka yi, Moi, un noir, ma'ana ni baƙar fata, ya fito a 1958. An ɗauke shi a unguwar Treichville, kuma Ganda ya fito a matsayin ɗan dako mai laƙabin Edward G. Robinson, sunan wani jarumin fina-finan Amurka.

Yadda aka yi fim ɗin shi ya sa ya zama abin tarihi. An ɗauki hotunan ba tare da murya ba. Bayan an haɗa su sai aka nuna wa Ganda, yana kallo yana magana, yana faɗin abin da ke ransa game da yunwa da kuɗin haya da mafarkin arziki da kuma yaƙin da ya baro. Wannan muryar ita ce ran fim ɗin. Ya ci kyautar Louis Delluc a Faransa, ya kuma girgiza matasan masu sharhin fim na birnin Faris. Jean-Luc Godard, wanda a lokacin yake rubuta sharhi kafin ya zama darakta, ya yaba shi matuƙa. Shi da abokinsa François Truffaut na cikin waɗanda suka tashi daga sharhi a mujallar Cahiers du cinéma suka kafa sabon salon fim a Faransa, salon fita titi da ƙaramar kyamara a bar 'yan wasa su yi magana irin ta yau da kullum.

Sai dai yabon ya fi komawa kan Rouch. Wannan ya taɓo tambayar da ta daɗe tana damun masu fim na Afirka: wa ke da hakkin ba da labarin baƙar fata? Tun 1934 Faransa ta kafa dokar Laval, wadda ta hana ɗaukar fim a ƙasashen da ta mallaka a Afirka sai da izinin hukuma. Usman Sembene na Senegal ya taɓa zargin Rouch da ire-irensa da kallon 'yan Afirka kamar yadda ake nazarin ƙwari. Shi ma Ganda daga baya ya nuna bai gamsu da yadda aka gabatar da rayuwarsa ba. Sharhinsa a kan wannan fim bai tsaya a baki ba, domin ya mayar da martani da fim nasa na kansa.

Ya karɓi alƙalami

Bayan 'yan shekaru ya koma Yamai, ya shiga ƙungiyar masu sha'awar fim ta Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar. A nan ya koyi riƙon kyamara da ɗaukar murya da ba da umarni, har ya zama mataimakin ma'aikacin fasaha. A 1968 ƙungiyar ta shirya gasar rubuta labarin fim, shi kuwa ya rubuta Cabascabo.

Labarin tsohon soja ne da ya dawo daga Indocaina da 'yan kuɗinsa a aljihu. Abokai da maroƙa da matan bariki suka yi masa caa, ana kirari ana shagali, har kuɗin suka ƙare, kowa ya watse. Ya nemi aikin da ya dace da darajar da yake ganin yana da ita bai samu ba, a ƙarshe ya juya ya nufi karkara. Ganda da kansa ya fito a matsayin tsohon sojan, kuma da Zabarmanci aka yi maganar. Fim ne baƙi da fari da bai kai awa ɗaya ba, amma an nuna shi a sashen masu sharhi na bikin Cannes a 1969, ya kuma samu lambar yabo a bikin Mosko. Yaƙin da ya ba da labarinsa a fim ɗin wani, yanzu ya ba da shi yadda shi ya gani.

Wa'azi ga masu wa'azi

Fim ɗinsa na biyu, Le Wazzou polygame, na 1970, shi ya fi shahara. Kalmar wazzou 'yar'uwar wa'azi ce a Hausa. Wani attajiri ne ya dawo daga Makka da sunan Alhaji, yana da mata biyu, sai idonsa ya faɗa kan Satu, yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi mai suna Garba alkawarinta. Kuɗi suka yi aiki, iyaye suka saɓa alkawari, Garba ya bar gari. Matar Alhajin ta biyu ta ƙudura kashe amarya a daren biki, amma cikin kuskure ta halaka ɗaya daga cikin ƙawayen amaryar. Abin da Ganda ya tsananta wa suka shi ne fakewa da addini domin biyan buƙatar rai, da kuma aurar da 'ya mace saboda abin hannu. A 1972 fim ɗin ya ci kyautar Etalon de Yennenga a Wagadugu, a karo na farko da aka fara bayar da ita.

Saïtane, wato Shaiɗan, ya biyo baya. Labarin wani malamin tsibbu ne da ya zama kawali tsakanin matar aure da wani mai kuɗi. Fim ɗinsa na ƙarshe mai labari, L'Exilé na 1980, ya ɗauko shi daga tatsuniya, kuma jigonsa shi ne nauyin magana: wanda ya furta alkawari sai ya cika, ko da zai rasa ransa. A yawancin waɗannan fina-finai ya yi aiki da Zalika Sule, wadda ke cikin matan farko da suka yi suna a fim a Afirka ta Yamma.

Ya yi duk wannan ne a zamanin jam'iyya ɗaya ta Diori Hamani, sannan a ƙarƙashin mulkin sojan Seyni Kunce daga 1974, lokacin da ba a faɗin kowace magana a fili, kuɗin yin fim kuma sai an sha wuya. Ya yi fina-finan tarihi da na gaskiya da dama, kuma yana cikin aikin ɗaya daga cikinsu ajali ya riske shi.

Abin da ya bari

Nijar ta sa wa babbar cibiyar al'adu ta Yamai sunansa, FESPACO kuma na bayar da kyautar Umaru Ganda ga daraktan da ya fi iya fim ɗinsa na farko. Ya rasu kusan shekara 10 kafin Turmin Danya ya buɗe kasuwar fina-finan bidiyo na Hausa a Kano a 1990. Batutuwan da masana'antar ke ta juyawa har yau, auren dole da kishi da malaman tsibbu da alhazai masu ido da kwalli, duk ya riga ya taɓa su, da ƙaramin jari da harshen gida, kuma duniya ta saurare shi. Marubuci ko daraktan da ke ganin sai ya ari labarin Indiya kafin ya samu masu kallo, yana da darasi a rayuwar wannan ɗan dako na Abijan. Allah Ya jiƙansa da rahama.