Sarkin Kano Alu Mai Sango

Cikin sarakunan Kano da wuya a sami wanda bakin mutane ya juya a kansa kamar Aliyu Babba, wanda aka fi sani da Alu. Shi ɗan Sarki Abdullahi Maje Karofi ne, mahaifiyarsa kuwa 'yar Sarkin Musulmi Aliyu Babba ce, sunan kakan nan nasa ya ci.

A 1893 Sarki Bello ya rasu, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya naɗa Tukur ɗan Bello. 'Ya'yan Abdullahi suka ƙi, suka fita suka yi sansani a Takai, kudu da Gaya, Yusufu ne shugabansu. Wannan ita ce Basasa. Da Yusufu ya rasu a Garko a 1894, sai jama'a suka yi wa Alu mubaya'a. A shekarar nan ya ci birni, Tukur ya fita, aka kashe shi a Tafashiya a 1895. Bayan haka Alu ya kara da Damagarawa da suka kawo yaƙi har Gezawa. A zamanin nan ba mai kiransa matsoraci, kirarinsa Mai Sango.

Ran 3 ga Fabrairu, 1903, Turawa suka ci Kano, ya kuwa tafi Sakkwato gaida sabon Sarkin Musulmi Attahiru. A hanyar komowa labari ya riske shi. Da dare ya rabu da rundunarsa. Waziri Ahmadu ya tsaya ya yi yaƙi, ya faɗi a Kwatarkwashi. Wambai Abbas ya komo da sauran jama'a, aka naɗa shi sarki. Alu kuwa aka kama shi a ƙasar Gobir, aka kai shi Yola, daga nan Lokoja, can ya rasu a 1926.

Dare ɗaya ya rufe aikin shekara tara. Waɗansu suka ce tsoro ne, waɗansu suka ce hijira ya nufa, kamar yadda Attahiru da kansa ya yi daga baya. Attahiru ya fita a fili, ya faɗi a Burmi, aka yabe shi. Alu ya fita a ɓoye, ya rayu, aka zarge shi.

Ba mu ce barin jama'a ba sallama daidai ne ba. Amma shaidar mutane takan bi aikin ƙarshe, hali kuwa a rayuwa duka ake auna shi. Kafin mu sa wa mutum suna, ko sarki ko ɗan makaranta, ya kamata mu ƙidaya sauran kwanakinsa. Allah ya jiƙan Sarki Alu, amin.