Waliyyi Charles na Tamanraset, Baƙon da Buzaye Suka Yi Jinyarsa

Ran 1 ga watan Disamba na kowace shekara Ekklesiya Katolika takan tuna da Waliyyi Charles de Foucauld, wanda mutanen ƙasarsa suke furta sunansa Sharl da Fuko. Firist ne Bafaranshe wanda ya bar gida bisa raɗin kansa, ya je ya zauna shekara goma sha ɗaya a wani ɗan ƙauye na Buzaye a tsakiyar Sahara, can kuma aka kashe shi a 1916. Ƙauyen nan shi ne Tamanraset, a kudancin Aljeriya, wanda yanzu ya zama babban gari har 'yan ci-rani daga ƙasar Damagaram sun san shi sarai. Mu da muke ƙasar Kura da Bunkure ba mu yi nisa da labarin nan kamar yadda za a zata ba. Turkudin da akan rina a marinar Kura, a buge shi a mabuga har ya yi ƙyalli, tun dā ayari yake kai shi arewa, irinsa ne kuwa manyan Buzaye suke naɗawa a ka. Maƙwabtan waliyyin nan abokan cinikin kakanninmu ne.

An haife shi a birnin Strasbourg ran 15 ga watan Satumba 1858, a gidan masu asali da dukiya. Uwarsa da ubansa suka rasu cikin shekara guda, a 1864, sai kakansa na wajen uwa, wani kanar na soja, ya goya shi tare da ƙanwarsa. Tun yana saurayi ya bar yin addu'a, ya daina ba da gaskiya ga kome. Ya shiga makarantar hafsoshi ta Saint-Cyr a 1876, daga nan ya wuce makarantar sojan doki ta Saumur, inda ya fito na 87 a cikin mutum 87. Da kakan ya rasu a 1878, dukiya ta faɗo hannunsa, ya shiga ɓad da ita wajen ciye-ciye da shagali. A 1881, yana Aljeriya, aka dakatar da shi daga aiki domin ya ƙi rabuwa da wata mace da yake zaune da ita ba aure. Ya koma soja bayan 'yan watanni, ya yi yaƙi da ƙwazo, sa'an nan a 1882 ya ajiye aikin da kansa.

Abin da ya ja shi shi ne ƙasar Maroko, wadda a lokacin Bature ba ya ratsa cikinta ya fita lafiya. Daga 1883 zuwa 1884 ya yi kusan shekara guda yana yawo a cikinta da shigar malamin Yahudawa, tare da wani Bayahude mai suna Mardoshe wanda ya yi masa jagora, yana auna hanyoyi da duwatsu a ɓoye. Aikin nan ya jawo masa lambar zinariya a Paris a 1885. Amma wani abu dabam ya dawo da shi gida. Ya ga Musulmi suna tsayawa salla a kan lokaci, a hanya ko a fili, ba kunya ba ɓoyo, ganin nan kuwa ya tayar masa da tambayar da ya daɗe da binnewa. Ya dace mu riƙe wannan, mu da muke jin kiran salla ta bayan danga kowace asuba: ibadar maƙwabtanmu ce ta fara girgiza zuciyar wannan waliyyi. A ƙarshen watan Oktoba 1886 ya shiga majami'ar Waliyyi Augustine a Paris wurin Fada Huvelin domin ya nemi bayani a kan addini. Fada ya sa shi ya durƙusa ya furta zunubansa, ya kuma ba shi Jikin Kristi a safiyar nan.

Tun daga ranar, abu ɗaya ya cika masa rai, watau shekaru talatin da Yesu ya yi a Nazarat, ɗan ƙauye a cikin 'yan ƙauye, yana aikin hannu ba wanda ya san da shi. Ya shiga gidan zuhudu na Trappist a 1890, ya yi yawancin shekara bakwai a wani matalaucin gidansu a Akbes ta ƙasar Siriya, duk da haka ya ga talaucin bai kai na maƙwabtansu ba. A 1897 aka sallame shi ya tafi Nazarat, ya zama bara a gidan sistoci na Waliyyiya Clare, yana kwana a wata 'yar rumfar katako. An naɗa shi firist ran 9 ga watan Yuni 1901, cikin watan Oktoba kuma ya sauka a Beni Abbes, kusa da iyakar Maroko. Can ya tarar ana riƙe da bayi a gaban idon hukumar Faransa. Ya fanshi waɗanda ƙarfinsa ya kai, ya yi ta rubuta wa shugabansa, Monsinyo Guérin, cewa yin shiru a kan wannan laifi ne. Ya gina ɗakuna domin 'yan'uwan da za su zo su zauna tare da shi. Ba wanda ya zauna, gama ƙa'idar da ya tsara ta yi tsanani ƙwarai.

Cikin watan Agusta 1905 ya isa Tamanraset, a ƙasar duwatsun Ahaggar, da yardar Musa ag Amastan, sarkin Buzayen wurin. Gidajen ƙauyen ba su wuce ashirin ba. Mazaunansu manoma ne matalauta da ake kira Haratin, suna noma wa masu ƙasa 'yan fadamu a bakin busasshen rafi, da ruwan da suke jawowa ta magudanan da suka haƙa da hannu. Alkama da sha'ir da sanyi, gero da zafi. Wanda ya taɓa kwana a gona yana jiran layinsa na ruwa a bakin kanal ɗin Kadawa zai gane irin zaman nan, sai dai su ba su da Tiga a bayansu. Buzaye makiyaya kuwa suna kewaye da tantunansu, sukan ɗauki gishirin Amadror su kai Damargu su musanya da gero. Ɗan'uwa Charles ya gina ɗaki ɗaya na dutse da laka, dogo siriri, faɗinsa bai kai mita biyu ba. Rabi wurin addu'a, rabi wurin kwana da rubutu.

Da fari ya ɗauka sha'anin harshe aikin 'yan watanni ne. Tun a 1904, yana kan raƙumi, ya juya Bishara zuwa harshen Buzaye cikin gaggawa. Da ya zauna da mutane ya kasa kunne, sai ya gane bai ji harshen ba tukuna, ya ajiye wancan ya koma farko. Abokinsa Motylinski, masanin harsuna, ya zo ya taya shi a 1906, amma ya rasu a shekara mai bi. Sai ya ci gaba tare da Ba Hammu, magatakardan sarki Musa, suna bin kalmomi ɗaya ɗaya. Ya bi tantuna yana biyan mata ɗan kuɗi a kan kowane baiti na waƙa da suka rera masa, har ya tara baiti wajen 6,000. Waƙoƙin nan na soyayya ne da yaƙi da yabon raƙuma, ba na ibada ba, amma bai raina su ba, domin ya san a cikinsu ne mutanen suka ajiye zuciyarsu. Ƙamus ɗin da ya rubuta da hannunsa ya kai shafi 2,028, an buga shi cikin littafi huɗu a 1951 da 1952, masana kuma suna dogara da shi har wa yau. Ya roƙi kada a sa sunansa a kan aikin, a sa na abokinsa da ya rasu.

Shekarar 1907 ta zo da fari. Ruwa ya ɗauke fiye da shekara guda, awaki suka ƙafe, masu ayari suka tafi kudu da raƙuma, aka bar mata da yara da tsofaffi. Ya buɗe ɗan abin da ya ajiye na hatsi da dabino ya yi ta rabawa har ya ƙare. Paul Embarek, bawan da ya fansa wanda yake yi masa hidima a bagade, ya riga ya tafi, dokar Ekklesiya a zamanin kuwa ba ta yarda firist ya miƙa Misa shi kaɗai ba. Kirsimeti na 1907 ya wuce ba Misa, ba wasiƙa, ba Kirista ko ɗaya kusa. A farkon Janairu 1908 ya faɗi, jikinsa ya shanye saboda yunwa da gajiya, ya ɗauka ajali ne. Sai mutanen da su ma yunwar take ci suka bazu suna neman kowace akuya da ta rage da ɗan nono a hantsarta, har nisan kilomita huɗu, suka tatso suka kawo masa, suka yi ta yin haka har ya tashi. A ƙarshen watan nan kuma izini ya iso daga Roma cewa ya iya yin Misa shi kaɗai.

A ganinmu nan ne tsakiyar rayuwarsa a ƙauyen. Shekara biyu da rabi ya yi yana bayarwa: magani, allura, hatsi, shawara. Mai bayarwa kullum ana gaishe shi, ana gode masa, amma yana nan a matsayin baƙo, baƙo kuwa raɓa ne. Ran da ya sha nonon awakinsu, bashi ya hau kansa, wanda ake bi bashi kuwa ya shiga lissafin gari. Daga nan zamansu ya sake. Suka riƙa shigowa ɗakinsa domin hira, ba domin roƙo kaɗai ba, shi ma ya sassauta wa kansa dokokin da ya ɗaura na lokaci da kaɗaici. Ya sa 'yar'uwarsa Marie de Bondy ta aiko da allurai da zare daga Faransa, ya koyi saƙa domin ya koya wa mata. Ya riƙa ba sarki Musa shawara a kan adalci ga talakawa. A 1911 ya yi wata biyar a kan dutsen Asekrem, mai tsayin fiye da mita 2,700, da begen ya kusanci makiyaya. A 1913 ya ɗauki wani saurayi Buzu mai suna Uksem ya kai shi Faransa ya sauke shi a gidajen danginsa, kamar yadda su ma suka sauke shi. Cikin shekarun nan duka bai yi wa Buzu ko ɗaya baftisma ba, bai kuwa matsa wa kowa ba.

Tun da aka gama madatsar Tiga a 1974 ruwa ya shigo gonakin Kura da Bunkure da Garun Malam, baƙi masu niyyar taimako ba su yanke mana ba: malaman gona, sistoci masu aikin asibiti, fadoji daga ƙetare da daga kudu, 'yan bautar ƙasa da aka turo makarantun ƙauye. Mun ga masu zuwa da jarkar ruwansu da abincinsu, su yi aiki mai kyau, su tafi ba wanda ya riƙe sunansu. Mun kuma ga waɗanda suka zauna a kan tabarma suka sa hannu a ƙwaryar tuwo, suka yi Hausa mai karyewa aka yi musu dariya suka taya, suka yarda wata tsohuwa ta dafa musu sabara ran da ciki ya murɗa. Waɗannan ne ake sa wa jarirai sunansu. Ba mu ce kowa ya sha ruwan kanal domin ya nuna ƙauna ba, gama shi kansa Ɗan'uwa Charles ganganci da jiki ne ya kwantar da shi, shugabanninsa kuma sun umarce shi ya riƙa cin abinci. Abin da muke nufi shi ne mai zuwa taimako ya bar wata ƙofa da mutanen gari za su taimake shi ta ciki.

Akwai wani gefe na labarin da bai kamata mu rufe ba. Tare da sojan Faransa ya shiga Ahaggar, Laperrine shugabansu abokinsa ne tun suna samari, ya kuma riƙa rubuta wa hafsoshi labarin abin da yake gudana a ƙasar. Ya tsawata musu a kan zalunci da kwaɗayi, amma bai taɓa shakkar cewa mulkin Faransa alheri ne ga Sahara ba. Ɗan zamaninsa ne a wannan. Mu da kakanninmu suka ga shigar Turawa Kano a 1903 mun san yadda talaka yake kallon baƙon da yake cin abinci da mai bindiga, kome kyawun halinsa.

Da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya tashi, 'yan Sanusiyya daga Libiya suka motsa Sahara gāba da Faransa. Ya ƙi barin ƙauyen. Ya gina wata 'yar ganuwa ta laka domin mutane su fake idan hari ya zo, ya koma cikinta a tsakiyar 1916, akwai kuma bindigogi da hukuma ta ajiye a ciki. Ran 28 ga Nuwamba ya gama aikin waƙoƙin. Ran Juma'a 1 ga Disamba da magariba mahara suka kewaye wurin, wani da ya sani ya kira shi a kan ya kawo wasiƙa. Da ya buɗe ƙofa suka fizgo shi, suka ɗaure masa hannu ta baya, suka bar wani yaro ɗan shekara goma sha biyar yana gadinsa. Sai ga sojan raƙumi biyu sun ɓullo, aka yi ta harbi, yaron ya firgita ya harbe shi a ka. Paul Embarek, wanda ya riga ya dawo ƙauyen, yana wurin ya gani, shi da mutanen ƙauyen ne suka binne shi. Cikin watan nan ne Kawsan ya kewaye Agadas. Sarki Musa ag Amastan, Musulmi, ya aika wa ƙanwar mamacin wasiƙar ta'aziyya.

Ya mutu ba shi da almajiri ko ɗaya da ya zauna tare da shi. A 1921 René Bazin ya rubuta tarihinsa, littafin ya bazu. A 1929 aka ɗauke ƙasusuwansa zuwa El Golea. A 1933 Fada René Voillaume da abokansa suka kafa Ƙananan 'Yan'uwan Yesu a Aljeriya, a 1939 kuma Sista Magdeleine ta kafa Ƙananan Sistocin Yesu, masu zama a unguwannin talakawa suna cin abinci da aikin hannunsu. Paparoma Benedict na 16 ya sa shi cikin masu albarka ran 13 ga Nuwamba 2005, Paparoma Francis kuma ya sa shi cikin waliyyai ran 15 ga Mayu 2022.