Alhaji Adamu Halilu, Gwanin Majigi

A zamanin da, kafin talabijin ya yaɗu, motar majigi ce take bin garuruwan Arewa. In dare ya yi sai a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, jama'a su taru su sha kallo. Alhaji Adamu Halilu yana cikin 'yan ƙasa na farko da suka gwanance wajen shirya irin waɗannan hotuna.

An haife shi a Garkida, ƙasar Adamawa, cikin 1936. Ya koyo aikin a Landan da Roma. Da ya komo gida sai ya kama aiki da Gwamnatin Jihar Arewa, yana shirya hotunan wayar da kan jama'a, kamar na kiwon lafiya.

Amma babban abin da ya sa a gaba shi ne Hausawa su ga tarihinsu da idonsu. Cikin 1976 ya shirya majigin Shaihu Umar da Hausa, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Labari ne na wani yaro da aka raba da uwarsa a zamanin bauta, aka ƙetare hamada da shi, ya yi karatu har ya zama babban malami. An nuna shi a Legas cikin 1977, lokacin bikin al'adun baƙar fata na duniya.

Bayan wannan sai ya shirya na Kanta, Sarkin Kabi. Muhammadu Kanta jarumi ne wanda ya yi wa Askiya na Songhai yaƙi. Wajen 1516 suka ɓata a kan rabon ganima, Kanta ya yi tawaye. Askiya ya aiko da runduna, ta kasa cinsa. Ya gina birnin Surame, ya kewaye shi da ganuwa mai ƙarfi. Daga baya sarakunan Kabi suka zauna a Birnin Kebbi, bayan jihadi kuma suka koma Argungu, inda gidan tarihi mai sunan Kanta yake. Wannan jarumi, wanda dā sai dai a ji labarinsa a bakin tsofaffi da makaɗa, shi Adamu ya sa a majigi.

Da aka kafa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya cikin 1979, shi ne ya fara shugabantarta. Allah ya yi masa rasuwa cikin 2001.

Shekaru da yawa ana zaton majigin Shaihu Umar ya salwanta. Sai cikin 2016 aka tarar da shi a wata tsohuwar ma'ajiya. Aka kai shi Jamus aka gyara, aka nuna shi a birnin Balin cikin 2018. Da ba a same shi ba, da aikin gwani ya tafi ke nan. Tarihi dukiya ne, amma sai an adana shi na baya ke cin gadonsa.