Paul Broca

Pierre Paul Broca (an haife shi ranar 28 ga watan Yuni, 1824, ya mutu ranar 9 ga watan Yuli, 1880) likitan tiyata ne ɗan ƙasar Faransa, kuma masanin tsarin jikin ɗan Adam. An fi saninsa da binciken da ya yi a shekarar 1861 a kan marasa lafiyar da magana ta ɗauke musu, inda ya nuna cewa akwai wani waje a gaban ƙwaƙwalwa, ta ɓangaren hagu, wanda idan ya lalace mutum yakan kasa furta kalmomi alhali yana cikin hankalinsa. Wannan waje ana kiransa yankin Broca, lalurar da lalacewarsa ke jawowa kuma ana kiranta afeziyar Broca. An fi samun ta a cikin masu shanyewar ɓarin jiki.

Farkon rayuwa da karatu

An haifi Broca a garin Sainte-Foy-la-Grande da ke kusa da birnin Bordeaux, a kudu maso yammacin Faransa. Mahaifinsa, Benjamin Broca, likita ne wanda ya taɓa aikin tiyata a rundunar sojan Napoleon. Mahaifiyarsa kuwa 'yar wani limamin Kirista ce na ɗariƙar Furotesta. Ya tafi birnin Paris karatun likitanci a shekarar 1841 yana da shekara 17, ya kuma sami digirinsa na likita a 1849. A shekarar 1857 ya auri Adèle Augustine Lugol, 'yar likita Jean Lugol. Sun haifi 'ya'ya uku, mace ɗaya da maza biyu, Auguste da André, waɗanda dukkansu suka zama farfesoshi a fannin likitanci.

Aiki

Broca ya fara suna ne a fannin tiyata. Ya yi rubuce-rubuce a kan ciwon daji da cutar laushin ƙashi ta yara, kuma a 1856 ya wallafa littafi a kan kumburin jijiyoyin jini da yadda ake magance shi. An zaɓe shi cikin Majalisar Likitoci ta Faransa a 1866, ya zama farfesa a Tsangayar Likitanci ta Paris a 1867. Ban da aikin asibiti, shi ne ya kafa Ƙungiyar Nazarin Ɗan Adam ta Paris a 1859, ya kafa mujallar wannan fanni a 1872, sannan makarantarsa a 1876.

Muhawarar da ya tarar

A farkon ƙarni na 19 masana sun rabu gida biyu game da ƙwaƙwalwa. Franz Joseph Gall ya ce kowane aiki na tunani yana da gurbinsa daban, amma ya ɓata hujjarsa da da'awar cewa ana iya gane halin mutum ta hanyar shafa tudun ƙoƙon kansa. Pierre Flourens, wanda ya yi gwaje-gwaje a kan dabbobi, ya ce ƙwaƙwalwa a dunƙule take aiki. A 1825 likita Jean-Baptiste Bouillaud ya kawo bayanan marasa lafiya da ke nuna cewa magana tana da alaƙa da gaban ƙwaƙwalwa, sai dai mafi yawan likitoci ba su yarda ba. A farkon watan Afrilu na 1861 surukinsa, Ernest Auburtin, ya sake tayar da batun a zauren ƙungiyar da Broca ya kafa.

Leborgne da Lelong

Kwanaki kaɗan bayan wannan zama aka kawo wani majinyaci mai suna Louis Victor Leborgne ɗakin tiyatar Broca a asibitin Bicêtre, saboda ƙafarsa ta dama ta fara ruɓewa. Leborgne yana da shekara 51, ya daɗe yana fama da farfaɗiya, kuma ya shekara 21 a asibitin tun da magana ta ɗauke masa. Gaɓa ɗaya kawai ta rage a bakinsa, wato "tan", wadda yakan maimaita sau biyu ko me aka tambaye shi, har ma'aikatan asibitin suka laƙaba masa ita a matsayin suna. Bayan kamar shekara goma da rasa maganar, hannunsa na dama ya fara mutuwa, daga baya ƙafar dama ta bi.

Abin da Broca ya lura da shi shi ne harshen mutumin yana motsi, muryarsa tana fita, kuma yana gane kusan duk abin da aka faɗa masa. Yakan ba da amsa da hannun hagu, yakan nuna lamba da yatsu. Leborgne ya mutu ranar 17 ga Afrilu, 1861. Broca ya duba gawarsa, ya tarar da wani waje da ya lalace a gaban ƙwaƙwalwar ta ɓangaren hagu, washegari kuma ya gabatar da ita a gaban ƙungiyar.

A ƙarshen shekarar ya sami majinyaci na biyu, Lazare Lelong, tsoho mai shekara 84, wanda ya yanke jiki ya faɗi a 1860 sakamakon bugun jini a ƙwaƙwalwa. Kalmomi biyar suka rage masa: e, a'a, uku, kullum, da wani guntun sunansa. Duk lambar da aka tambaye shi sai ya ce uku, amma yatsunsa suna nuna adadin daidai. Da ya mutu, Broca ya sami lalacewar a waje ɗaya da na Leborgne, kuma ba ta kai ta farko faɗi ba. Zuwa 1863 ya tara bayanan mutum takwas, duka a ɓangaren hagu. A 1865 ya fito fili ya bayyana cewa ɓangaren hagu na ƙwaƙwalwa ne ke jan ragamar magana. Wani likita mai suna Marc Dax ya riga ya rubuta irin wannan ra'ayi a 1836, amma ba a buga shi ba sai a 1865, lokacin da ɗansa Gustave ya fito da shi, abin da ya jawo jayayya a kan wanda ya fara ganowa.

Broca ya sa wa lalurar suna afemiya. A 1864 likita Armand Trousseau ya kawo sunan afeziya, wanda shi ne ya bi duniya.

Afeziya da shanyewar ɓarin jiki

Mafi yawan shanyewar ɓarin jiki yana faruwa ne idan gudan jini ya toshe jijiyar da ke kai wa ƙwaƙwalwa jini. Wajen da jinin ya daina isa yakan fara mutuwa cikin mintoci. Yankin Broca yana samun jini daga reshen jijiyar tsakiya ta ƙwaƙwalwa, kuma yana maƙwabtaka da wajen da ke motsa fuska da hannu. Da yake hagun ƙwaƙwalwa ne ke sarrafa daman jiki, wannan ne ya sa ake yawan ganin ɗaukewar magana tare da shanyewar ɓangaren dama. Kusan kashi ɗaya cikin uku na waɗanda cutar ta buga sukan sami afeziya.

Mai afeziyar Broca yakan yi magana da ƙyar, kalma ɗaya ɗaya, yana sane da abin da yake so ya faɗa, yana kuma jin takaicin kasawarsa. A 1874 likitan Jamus Carl Wernicke ya bayyana wani nau'i daban, inda lalacewar take can baya kusa da kunne: magana tana zuba amma babu ma'ana, mutum kuma ba ya gane abin da ake faɗa masa. Dukkan nau'o'in biyu sukan shafi karatu da rubutu.

A ƙasar Hausa, kamar sauran sassan Najeriya, hawan jini ne kan gaba wajen jawo shanyewar ɓarin jiki. Wasu iyalai sukan ɗauki ɗaukewar magana a matsayin shafar aljanu ko taɓin hankali, har a daina sa mai ita cikin hira. Likitoci suna ɗaukar karkacewar baki, mutuwar hannu da sarƙewar magana farat ɗaya a matsayin alamun da ke buƙatar a garzaya asibiti nan take, domin maganin narkar da gudan jini yana aiki ne a cikin awanni huɗu da rabi na farko. Tun a 1865 Broca ya yi hasashen cewa ana iya sake koya wa mai afeziya magana kamar yadda ake koya wa yaro, kuma ɓangaren dama na iya ɗaukar wani kaso na aikin. Horon magana na yau yana tafiya a kan wannan fahimta.

Suka

Broca ya ƙirƙiro kayan awon ƙoƙon kai da yawa, ya kuma yi amfani da girman ƙwaƙwalwa wajen da'awar cewa Turawa sun fi baƙar fata basira, maza kuma sun fi mata. Kimiyya ta yi watsi da wannan, kuma masanin Amurka Stephen Jay Gould ya yi masa raddi a wani littafi da ya fitar a 1981. A fannin magana ma, Pierre Marie ya ƙalubalanci sakamakonsa a 1906. Broca bai yanka ƙwaƙwalen Leborgne da Lelong ba, ya adana su a gidan tarihi na Dupuytren a Paris. A 2007 Nina Dronkers da abokan aikinta suka buga sakamakon hoton da suka ɗauke su da na'urar MRI, wanda ya nuna cewa lalacewar ta yi zurfi fiye da abin da Broca ya gani a sama, har ta taɓa zaruruwan da ke haɗa gaban ƙwaƙwalwa da bayanta.

Mutuwa

A farkon shekarar 1880 aka zaɓi Broca sanata na har abada a Majalisar Dattawan Faransa. Bayan 'yan watanni ya mutu kwatsam a Paris yana da shekara 56. Sunansa yana cikin sunayen masana 72 da aka rubuta a jikin hasumiyar Eiffel, kuma akwai asibiti a Paris da ke ɗauke da sunansa.