Carl Hagenbeck

Carl Hagenbeck (an haife shi ranar 10 ga Yuni, 1844, ya mutu ranar 14 ga Afrilu, 1913) Bajamushe ne, ɗan kasuwar namun daji. An fi saninsa da ƙirƙiro gidan namun daji na zamani, wanda ake kallon dabba ba a cikin keji ba.

Farkon rayuwa

An haife shi a birnin Hamburg. Mahaifinsa mai sayar da kifi ne, wanda yake haɗawa da cinikin dabbobi. A shekarar 1866 Carl ya karɓi ragamar kasuwancin. Yana tura mafarauta ƙasashe irin su Sudan su kamo zakuna, giwaye da raƙuman dawa, shi kuma ya sayar a Turai da Amurka. Sau da yawa sai an kashe uwa kafin a kama ɗanta, wasu dabbobin kuma su mutu a hanya.

Nunin mutane

Da kasuwar dabbobi ta ja baya, sai ya koma nuna mutane. A 1875 ya kawo mutanen Sami daga arewacin Turai, a 1876 kuma Nubiyawa daga Sudan, jama'a suna biyan kuɗi su kalle su tare da dabbobinsu. A 1880 aka kawo masa mutanen Inuit su takwas daga Labrador ba tare da an yi musu rigakafi da wuri ba. Cutar agana ta kashe su duka kafin ƙarshen Janairun 1881.

Gidan namun daji

Hagenbeck ya yi fice wajen horar da dabbobi da lallashi da lada maimakon duka. A 1907 ya buɗe gidan namun dajinsa a Stellingen, kusa da Hamburg. A maimakon sandunan ƙarfe, ramuka masu faɗi da zurfi ne suka raba dabba da ɗan kallo, aka kuma gina duwatsu na siminti don wurin ya yi kama da daji. Gidan namun daji na birnin Rum, da aka buɗe a 1911, ya bi wannan tsari.

Abin da ya bari

Har yau masana tarihi suna muhawara a kansa. Wasu suna ganin ya sauƙaƙa wa dabbobi zaman tsare. Wasu kuma suna cewa kejin kawai ya ɓoye wa idon ɗan kallo, dabbar tana nan a tsare. Ya mutu a Hamburg, kuma gidan yana aiki har yanzu a hannun zuriyarsa.