Peter Cushing, mai sanyin hali da ya yi suna a finafinan ban tsoro

An haifi Peter Cushing ranar 26 ga Mayu, 1913, a Kenley da ke kudu da Landan. Ya fara neman abinci ne a ofishin safiyo na ƙaramar hukuma, aikin da bai taɓa kwanta masa a rai ba. A 1939 ya tsallaka Amurka neman sa'a, ya samu 'yan ƙananan fitowa, har da guda tare da 'yan barkwancin nan Laurel da Hardy, sannan ya komo gida ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu.

Talabijin ce ta fito da shi, bayan ya haura shekara arba'in. A watan Disamba na 1954 BBC ta nuna wasan Nineteen Eighty-Four kai tsaye, shi ne jarumin wasan, Winston Smith. Yadda aka nuna azabtarwa a ciki ya tayar da ƙura, har maganar ta kai majalisar dokoki.

Daga nan kamfanin Hammer ya ɗauke shi. A 1957 ya fito a matsayin Frankenstein, masanin da ya harhaɗa gaɓoɓin matattu ya yi dodo. A shekarar da ta biyo ya zama Van Helsing, mai farautar Dracula. Christopher Lee ne dodon a duka biyun, kuma sun yi finafinai fiye da 20 tare, suka zama aminai. Masu sharhi na lokacin sun raina irin waɗannan finafinai, amma shi bai taɓa yi musu riƙon sakainar kashi ba. Natsuwarsa ce ke sa mai kallo ya yarda da labarin da hankali ba zai ɗauka ba.

Rasuwar matarsa Helen a 1971, bayan zaman aure tun 1943, ta karya masa gwiwa. Ya rame, tsufa ya kama shi farat ɗaya, har a fim ɗin Dracula A.D. 1972 aka gyara labari, yarinyar da aka tsara za ta zama 'yarsa ta koma jikarsa. Sai ya duƙufa ga aiki ba hutu.

Matasa sun san shi ne a Star Wars na 1977, a matsayin Tarkin, kwamanda marar imani. Takalman sojan da aka ba shi sun matse shi, don haka da silifas ya yi yawancin aikin, aka riƙa ɓoye ƙafafunsa daga kyamara.

Ya rasu ranar 11 ga Agusta, 1994, a Canterbury, yana da shekara 81, bayan doguwar jinyar ciwon daji. Shekara 22 bayan haka, masu shirya Rogue One suka ɗora kamanninsa da kwamfuta a kan fuskar wani ɗan wasa, Guy Henry, da amincewar masu kula da gadonsa. Har yau ana muhawara kan wanda ke da ikon ba da izinin amfani da fuskar mamaci.